Ranar da Baffa Ya Karanta Littafina

Littafin yana nan wurina har yau, a saman durowa, cikin bangon fayil ruwan ƙasa da Babanmu ya ɗinka masa. Shekarata goma sha uku lokacin da ya shigo hannuna. Wata ƙawata ta makaranta ce ta bar mini shi, 'yar wani sojan sama da ke zaune a Mando. An yi wa babanta canjin wurin aiki, suna haɗa kaya uwarta ta ce ita ba za ta yi dakon tarkace ba. Ni kuwa a duniya ba abin da nake so kamar tarkacen takarda, don haka na rungumo shi har gidanmu a Badarawa.

Littafin zane ne irin na Turawa, mai kauri. Kowane shafi an yanka shi gida-gida, a kowane gida da hoto, maganar mutane kuma tana cikin wani farin kumfa da ke fitowa daga bakinsu. Tun a lokacin tsoho ne. Ƙawata ta ce babanta ya sayo shi a ƙasar waje tun yana saurayi, kuma wai a can ma ana ji da shi. Bangon gaba da na baya duk sun daɗe da tafiya, shi ya sa ban taɓa sanin sunansa ba. Kwanaki ɗana ya ce in kawo ya ɗauki hotonsa a waya ya nemo mini sunan, na ce ya bar shi, mun saba a haka.

Labarin na mutum biyu ne da suka tashi tare a wani gari na bakin teku. A shafin farko ma su ne, samari, zaune a kan katanga suna raba burodi ɗaya. Ɗayan ya zama jarumi mai ƙarfin da ya wuce na 'yan Adam, yana sa riga ruwan ɗorawa, yana iya tare gini da kafaɗa. Ɗayan kuma ƙwaƙwalwa Allah ya ba shi, maƙerin injuna ne. Wata rana gada ta karye. Abokin ya faɗa ƙarƙashinta yana ɗaga hannu yana kira, jarumin kuma ya zaɓi ya tare wata bas cike da mutanen da bai taɓa gani ba. Abokin ya rayu, amma ƙafarsa ta hagu ta tafi, ya ƙera wa kansa ta ƙarfe, ya kuma rantse sai ya rushe duk abin da jarumin yake karewa. Sauran littafin duk faɗansu ne, shekara da shekaru, har suka fara furfura. A shafin ƙarshe suna tsaye a kan wata hasumiya da ta rushe, ana ruwa, gari yana cin wuta a ƙasa, kowa ya ba ɗan'uwansa baya. Ba wanda ya yi nasara. Ni da yayyena muka sa musu Mai Ɗorawa da Mai Ƙafar Ƙarfe.

Na karanta shi ya fi a ƙirga, kuma in faɗi gaskiya, Mai Ƙafar Ƙarfe nake goya wa baya. Mugu ne, na yarda, amma an yi masa abin.

Da yake zaren littafin ya riga ya saki, wata Asabar Babanmu ya fito ya tarar da shafukansa warwatse a kan tabarma, iska tana wasa da su. Sai ka san Babanmu za ka gane girman wannan laifi. A sashen ajiyar fayil na wata ma'aikatar gwamnati yake aiki, ya kusa shekara talatin yana jera takardun mutane. Mutum ne da idan ya shiga gidanka ya ga kalanda ba a juya wata ba, sai ya tashi ya juya kafin ya amsa gaisuwa. Wasiƙar da muka rubuto masa daga makarantar kwana ma sai ya dawo mana da ita ranar ziyara, an gyara da jan biro. Ya tattara shafukan, ya zauna a gindin mangwaron tsakar gida daga hantsi har azahar, yana karanta Turancin ɗaya bayan ɗaya don ya gane wanne ke bin wanne. Ya huda su, ya ɗinke da zare mai ƙwari, ya sa musu bangon tsohon fayil da ya juya cikinsa waje, ba rubutu gaba ba rubutu baya. Sannan ya bi kowane shafi ya sa masa lamba da jan biro a kusurwar sama, yadda yake yi wa takardun ofis.

Ya miƙo mini ya ce, "Shirme ne, Uwata. Amma shirmen ma a jera shi daidai."

Uwata yake ce mini, saboda sunan mahaifiyarsa aka sa mini. Haka ma yayansa, Baffanmu, yake kirana.

Baffa ya girmi Babanmu da shekara tara, uwa ɗaya uba ɗaya. Malamin allo ne a Katabu, bai yi boko ba ko na kwana ɗaya. Mahaifinsu ya rasu Babanmu yana ƙarami, Baffa ne ya riƙe shi, shi ya fara ɗora masa karatu, kuma shi ya tsaya kai da fata sai an sa shi a makarantar boko lokacin da dangi suke ganin ɓata yaro ne. Da muna ƙanana, duk ranar da Baffa ya zo gidanmu biki ne. Su biyun za su zauna a kan tabarma su ci a kwano ɗaya, Baffa yana kiran Babanmu "Auta" duk da furfurarsa, yana tsokanarsa wai gwamnati ta ɗauke shi gadin takarda.

Abin ya lalace ne ranar ɗaurin auren babbar yayarmu. A wurinmu, uba ba ya ba da auren 'yarsa da bakinsa in dai yana da wa ko ƙane a raye. Shi ake ba waliccin, girmansa ke nan. To Babanmu sai ya ɗauki waliccin ya ba ogansa na ofis. Har yau ban san abin da ya shiga kansa ba. Ko ogan ne ya nuna yana so, ko Baba ne ya ga a gaban manyan baƙi ya fi kyau mai babbar mota ya yi magana, Allah masani. Abin da ya fi muni, bai gaya wa Baffa ba. Mu mata muna cikin gida, daga baya ne labari ya iso wa Ummanmu. An ce Baffa ya zo da farar babbar rigarsa ta Sallah, ya zauna a sahun gaba. Da liman ya tambayi waliyyin amarya, ya gyara zama, har ya yi gyaran murya, sai ga muryar wani daga gefe. Aka shafa fatiha da Baffa, ya sa takalminsa ya tafi, ko goro bai ɗauka ba.

Baffa malami ne, ya san hukuncin gaba, don haka bai yi gaba ba. In sun haɗu yana yin sallama, yana tambayar iyali. Abu biyu kawai ya canja. Ya daina cewa "Auta," ya koma "Alhaji." Kuma ya daina cin abincin gidanmu.

Zuwa kam bai daina ba, domin Kaka, mahaifiyarsu, a wurinmu take. Sai dai ya mayar da zuwan ranar Alhamis, ranar da babu karatun allo, kuma ranar da ya tabbata Babanmu yana ofis. Zai iso da hantsi, ya zauna da Kaka, ya yi azahar a masallacin layinmu, kafin la'asar ya kama hanyar Kawo ya hau mota. Umma ba ta taɓa gajiya ba. Duk Alhamis sai ta yi faten tsaki da rama, abin da ya fi so, ta zuba a kwanonsa na da, ta aiko ni da shi. Duk Alhamis kuma amsa ɗaya ce: "Alhamdu lillahi, a ƙoshe nake. A gaishe ta da aiki." Ruwa kawai yake sha. Haka muka yi shekara uku, ni ce mai kai kwano, ni ce mai dawo da shi. Na tsani wannan aike, don duk lokacin da na ajiye kwanon a kicin ina ganin yadda fuskar Umma take yi.

A shekara ta ukun aka sa ranar auren yayarmu ta biyu, bayan damina. Kowa a gidan ya san Babanmu Baffa yake so ya ba waliccin, kuma kowa ya san ya rasa bakin da zai faɗa. Sau biyu na gan shi ya zauna ya rubuta wasiƙa, har da kwanan wata a sama da sa hannu a ƙasa, sai ya tuna wanda zai aika wa ba ya karanta boko, ya yage. Ya nemi Kaka ta shiga maganar, ta ce ita ta gama raba su faɗa tun suna cin ƙasa, ba za ta koma 'yar aike tsakanin masu farin gemu ba. Yayata kuwa ta ce in ba Baffa ne zai ba da aurenta ba, a ɗaga. Tana faɗa tana kuka. Mun san in aka sake ɗaura wani aure a gidan da bakin bare, to Baffa da Babanmu sun rabu ke nan, sai dai sallama a bakin hanya.

Ana nan, sai wata Alhamis cikin watan Agusta, muna dogon hutu. Baffa ya dawo daga sallar azahar ke nan hadari ya haɗo daga gabas, ruwa ya kece. Irin ruwan Kaduna da ba ya sauri, ba ya kuma tsayawa. Kwatar layinmu ta cika ta tumbatsa, aka ɗauke wuta. Kaka ta ja bargo ta yi barcinta. Baffa ya koma falo shi kaɗai, yana duba agogon hannunsa yana duba taga.

Na shigo masa da ruwan sha sai na ga littafina a hannunsa. A kan kujera na manta shi. Gabana ya faɗi, domin Kaka ta sha gaya mini hotunan nan suna hana mala'iku shiga ɗaki, na kuma ɗauka in ita ta faɗi haka, malami guda ƙona shi zai yi. Na tsaya da kofi a hannu ina jiran hukunci.

Ya juya littafin gaba, ya juya baya. Fayil ne kawai, ba rubutu ko ta ina. Ya ciro tabaraunsa daga aljihu, ya ɗora littafin a cinya, ya buɗe shi ta inda ya saba buɗe littafi tun yana yaro, wato ta dama, yadda ake buɗe littattafan Larabci. Shafin da ya fara cin karo da shi shi ne na ƙarshe: mutum biyu a kan hasumiya, ana ruwa, kowa ya juya baya.

Ni 'yar Babanmu ce, gyara a jininmu yake. Bakina har ƙaiƙayi yake. Amma tsoron kada in ja hankalinsa ya ƙwace littafin ya sa na yi gum.

Ya daɗe a kan shafin. Can ya ce, "Uwata, wannan mai ƙafar ƙarfen, me ɗan'uwansa ya yi masa?"

Na ce, "Ba 'yan'uwa ba ne, Baffa. Abokan gaba ne."

"Anya? Dubi tsayuwarsu. Wanda ba ka sani ba, ba ka juya masa baya haka. Kallonsa kake, kada ya cuce ka."

Na ce in karanta masa Turancin in fassara? Ya ce a'a, in bar shi, hoton ya isa. Ya nuna mini gefen tabarma, na zauna.

Haka ya yi ta tafiya, shafi bayan shafi, yana lasar yatsa yana juyawa, yana bin gidajen hoton daga dama zuwa hagu. Ni kuma ina gefe ina kallon labarin da na haddace yana tafiya da baya. Inda na san an rushe hasumiya, shi ya ga kango, ya juya shafi ya gan ta a tsaye. Ya gyaɗa kai ya ce, "To, sun fara gyara ɓarnar da suka yi." Inda na san faɗan yana ƙara muni, shi a wurinsa raguwa yake. Injunan Mai Ƙafar Ƙarfe suna ƙara ƙanƙancewa, fuskar Mai Ɗorawa tana ƙara sakewa. Da ya lura furfurarsu tana raguwa sai ya yi dariya ya ce mai zanen nan ya san abin da yake yi, ai riƙo ne yake tsofar da mutum. Wani wuri ya tsaya ya yi tsaki saboda matsattsen wandon jarumin, ya ce ƙato da shi ba ya jin kunya. Na danne dariya har cikina ya yi ciwo.

La'asar ta yi, ruwa bai ɗauke ba. Ya yi sallarsa a falo, ya dawo ya ɗauki littafin daga inda ya tsaya. Daga nan ya daina duba agogo.

Wajen ƙarfe huɗu da rabi muka ji ƙarar babur ɗin Babanmu a zaure. Ya shigo jiƙe sharkaf, da jakar ofis a cikin leda. Da ya ga wanda ke falo sai ya tsaya a bakin ƙofa, ruwa yana ɗiga daga hularsa.

"Yaya, an zo lafiya?"

"Lafiya lau, Alhaji. Ya aiki?"

"Da godiya. Ya mutanen gida?"

"Suna gaisuwa."

Shi ke nan, magana ta ƙare. Baba ya shiga ya canja kaya. Da zai iya, na san zamansa zai yi a ɗaki, amma ba a barin babban wa shi kaɗai a falo. Ya fito ya zauna a kujerar can ƙarshe. Umma, da ba ta san ja da baya ba, ta ɗumama faten nan ta kira ni, na kawo na ajiye a tsakiyar tabarma, kwano ɗaya a rufe. Ba wanda ya kalle shi. Ruwa yana ta dukan kwanon rufi, su biyun kowa ya sami abin kallo, Baba bango, Baffa littafi.

Baffa ya juya shafin da ya rage masa, ya daɗe yana kallo, ya cire tabarau. Da ya tashi magana, ni ya yi wa, ko da yake a ɗakin nan ba wanda bai san da wa ake ba.

"Uwata, littafin nan naki da hankali. Kin ga, an fara da mutum biyu da suka ɓata, har gari yana cin wuta saboda su. Suka yi ta yi, suka yi ta yi, har suka gaji. Sai aka zo nan." Ya koma baya kaɗan, ya buɗe shafin gadar, ya ɗaga shi yadda na can ƙarshen falo ma zai gani. "Ga wannan ya faɗi ƙarƙashin gada, yana ɗaga hannu yana kira. Ga wancan a sama da mota a kafaɗa. Amma dubi idonsa, ba motar yake kallo ba, ƙasa yake kallo. To juya." Ya juya. "Ga gada a tsaye, ga ƙafar mutum ta warke. Wato da ya sauke kayan mutane, ya koma ya ɗauko nasa. Ya makara, amma ya koma."

Ya juya zuwa shafin da a wurinsa shi ne na ƙarshe. Samari biyu a kan katanga, teku a bayansu, burodi ɗaya a tsakaninsu, kowa ya riƙe gefe.

"Ga inda aka ƙare. Na duba, na duba, na kasa gane wanda ya miƙa wa wani."

Nan haƙurina ya ƙare. Wajen awa uku ina haɗiye gyara, kuma yanzu ga Babanmu a zaune, mutumin da ya jera shafukan nan da hannunsa, wanda na tabbata shi ma cikinsa yana tafasa. Na ga dama ta samu da zan burge shi.

Na ce, "Baffa, ai daga ƙarshe ka fara. Labarin ba haka..."

"Uwata."

Baba ne. Bai ɗaga murya ba.

Na ce, "Amma Baba, ai kai ka sa lambobin, ka san..."

"Na ji yadda aka karanta shi. Tashi ki kawo mana ruwan wanke hannu."

Na tashi raina a ɓace. A ganina an hana ni gaskiyata. Mutumin da ya taɓa mayar da ni kanti cikin rana saboda an rubuta rasit da kwanan watan jiya, yau an karanta littafi sukutum da baya a gabansa, ya ce ya ji. Na fita, amma ban yi nisa ba, na laɓe bayan labule. Can na tarar da Umma ta riga ni, da ludayi a hannu.

Ta gefen labulen na ga Babanmu ya sauko daga kujera ya zauna a ƙasa, ya tanƙwashe ƙafa kamar mai ɗaukar karatu. Ya cire hularsa, ya mayar.

"Yaya, na yi maka laifi ranar auren nan. Tun a wurin na san na yi. Na ga ka gyara zama. Shekara uku ke nan ina ganin wannan gyara zaman in na rufe ido. Ba ni da hujja. Ka yafe mini."

Baffa ya rufe littafin, ya ajiye shi a gefe, ya naɗe tabaraunsa a hankali ya sa a aljihu. Umma ta damƙe hannuna har sai da na ji zafi.

Sannan ya ce, "Auta, buɗe kwanon nan. Fate in ya huce ba ya ciyuwa."

Umma ta tura ni kicin da gudu. Na kawo buta da roba, na zuba wa Baffa ya wanke hannu, na zuba wa Baba. Suka ci a kwano ɗaya, ba su yi wata magana mai tsawo ba. Baffa ya ce yajin ya yi daidai. Baba ya ce hanyar Kawo ta cika da ruwa, gara ya bari sai an jima. A tsakiyar cin ne Baba ya ce, kamar maganar ba ta da nauyi, an sa ranar yarinyar nan bayan damina. Baffa ya ce ya ji a bakin Inna, wato Kaka, yana jira ne a gaya masa. Da na ɗauke kwanon, ba komai a ciki. Na kai kicin na ajiye gaban Umma, ta leƙa, ta juya mini baya ta hau wanke tukunyar da ta riga ta wanke.

Kaka ta farka dab da magariba, ta fito ta gan su zaune kafaɗa da kafaɗa, Baffa yana tsokanar Baba a kan lemar da ya manta a ofis. Ta dube su, ta dubi tabarma, ta ce wato ko 'yar loma ba su rage mata ba.

Ranar ɗaurin auren, mu mata muna cikin gida kamar kullum. Amma da aka tambayi waliyyin amarya, har ɗakin Kaka muka ji amsar. An ce liman sai da ya ce, "Malam, mun ji, a hankali."

Ni dai abin bai bar ni ba. Na girma, na yi aure, na haihu, ina ɗauke da wannan a raina kamar na ci amanar wani: dattijo ya yi kuskure a gaban mutane, mun bar shi a kai, har yana ba abokansa labarin littafin Turawan da ya ƙare da sulhu. Bayan Baba ya yi ritaya, sai zuwan Alhamis ya juya, shi yake hawa mota ya tafi Katabu. Wata Alhamis na bi shi da yarana. Garin ya cika, gidaje sun cinye gonakin da na sani, amma zauren Baffa yana nan yadda yake, da allunansa a jingine. Bayan an ci abinci Baba ya kishingiɗa yana gyangyaɗi, yara suka fita bin awaki. Na ga daga ni sai Baffa, na ce yau sai na sauke.

Na ce, "Baffa, ka tuna littafin nan nawa na zane? Akwai abin da ban gaya maka ba. Ranar nan da baya ka karanta shi. Littattafan boko ta hagu ake buɗe su. Katangar nan da burodin, farkon labari ne. Ƙarshensa ba su shirya ba."

Ya dube ni ta saman tabarau, ya yi murmushin da ya nuna sauran haƙoransa.

"Uwata, ke dai 'yar ubanki ce. Shekara nawa kina riƙe da wannan?"

Na ce da yawa.

"Da farko kam ban sani ba, na buɗe yadda na saba. Amma ban yi shafi goma ba na ga jan rubutu a kusurwa. Boko ne ban yi ba, lamba ai na sani, agogo nake ɗaurawa. Na ga suna raguwa. Kuma na san hannun wanda ya rubuta su, ni na fara kama hannun nan na ɗora shi a kan allo."

Na ce, "To me ya sa ba ka juya ka fara daga farko ba?"

Ya waiga ya dubi ƙanensa da ke barci, hula ta zame ta rufe masa ido ɗaya. Ya miƙa hannu ya gyara masa ita.

"In juya in je ina? Ai na ga inda ya ƙare, shi na fara buɗewa. Mutum biyu a tsaye cikin ruwa, kowa ya ba ɗan'uwansa baya. Shekara uku na yi a tsaye a wurin nan, Uwata. Na gaji, kuma ga ƙamshin fate yana ta shigowa daga kicin."